Hans Zimmer da Hannayen da Ke Bayan Kiɗansa

Duk wanda ya taɓa zama gaban majigi ko akwatin talabijin yana kallon yaƙi ko makoki, har ya ji tsikar jikinsa ta tashi, ko idonsa ya ciko da ƙwalla, galibi yakan jingina abin da ya same shi ga gwanintar 'yan wasa ko hikimar darakta, alhali kuwa kaso mai tsoka na wannan aiki na wani mutum ne da ba a ganin fuskarsa, wato mai tsara kiɗan da ke rakiyar hoton. A wannan zamani babu wanda sunansa ya yi tambari a sana'ar kamar Hans Zimmer, Bajamushe mazaunin Amurka, wanda ya yi wa fina-finai fiye da 150 kiɗa. Tarihinsa ya cancanci a tsaya a kansa da natsuwa, domin bayan baiwar da ke cikinsa, akwai wata mas'ala da ta shafi kowane mai sana'a da ke da yara a ƙarƙashinsa, ita ce mas'alar sunan wa za a rubuta a kan aikin da hannaye da yawa suka taru suka yi.

An haife shi a birnin Frankfurt na ƙasar Jamus ranar 12 ga Satumba, 1957. Mahaifiyarsa Bayahudiya ce da ta tsira daga mulkin Hitila ta hanyar gudu zuwa Ingila a 1939, mahaifinsa kuwa injiniya ne, ya rasu yaron yana da shekara 6, kuma wannan maraici shi ne ya tura shi ga fiyano yana neman abin da zai rarrashi zuciyarsa. Shi da bakinsa ya sha faɗin cewa darasin fiyano na mako 2 kacal ya taɓa ɗauka a gaban malami, kuma makarantu 8 ne suka kore shi. Saboda haka bai shiga sana'ar ta ƙofar da magabatansa suka bi ba, ta karatun rubutaccen kiɗa shekara da shekaru. Ya shigo ne ta kunne, da kuma ta na'urorin haɗa sauti na lantarki waɗanda a lokacin manyan makaɗa ke yi wa kallon kayan wasan yara.

Yana saurayi ya koma Landan, ya yi ta kiɗan tallace-tallace yana samun na tuwo, har ma an ɗan hasko shi a bidiyon wata waƙar ƙungiyar Buggles ta 1979, wanda shi ne bidiyon farko da tashar MTV ta nuna ranar da ta buɗe a 1981. Amma karatunsa na haƙiƙa ya yi shi ne a hannun Stanley Myers, wani dattijon mai kiɗan fim na Ingila, wanda ya ja shi a jiki suka kafa ɗakin ɗaukar sauti na Lillie Yard. Dattijon ya san sirrin babbar ƙungiyar makaɗa, ta masu goge da masu busa da masu ganga. Saurayin ya san sirrin na'ura. Daga gamayyar ilmin nan biyu salon Zimmer ya tsiro. Fim na farko da ya ɗaga shi shi ne A World Apart na 1988, labarin zaluncin wariyar launin fata a Afirka ta Kudu. Matar darakta Barry Levinson ce ta ji faifan kiɗan ta nuna wa mijinta, shi kuwa ya kira shi Holiwud ya ba shi aikin Rain Man a wannan shekarar. Bayan shekara guda ya yi Driving Miss Daisy, inda duk kiɗan da ya tsara wa fim ɗin shi kaɗai ya kaɗa shi da na'ura, kuma fina-finan biyu kowanne ya ci lambar Oscar ta gwarzon fim a shekararsa.

Ya kamata a ɗan yi bayanin yadda ake aikin, don a gane abin da ya canza a cikinsa. Idan an gama ɗaukar fim an fara tace shi, darakta da mai kiɗa sukan zauna su bi shi daki-daki, suna tsai da inda kiɗa zai shigo da inda za a bar shiru ya yi aikinsa. A dā mai kiɗa kan koma gida ya rubuta a takarda, iyaka ya ɗan taɓa wa darakta a fiyano, kuma darakta ba zai ji ainihin abin da ya saya ba sai ranar da aka tara makaɗa tamanin ko ɗari a ɗaki guda, ana biyan kowannensu kuɗin sa'a, lokacin da gyara ya riga ya yi tsada. Zimmer na cikin waɗanda suka yi gaba wajen rushe wannan al'ada: ya ɗauki sautin kowane abin kiɗa ya adana a kwamfuta, ta yadda zai iya harhaɗa kwatankwacin dukan ƙungiyar, darakta ya saurara, ya ce a rage nan a ƙara can, tun kafin a kira makaɗi ko ɗaya. Yau kusan kowa haka yake yi.

Inda zuciyata ta fi karkata a ayyukansa shi ne The Lion King na 1994. Ya ce da farko ya karɓi aikin ne don ya faranta wa 'yarsa ƙarama, yana zaton tatsuniyar dabbobi ce kawai, sai da ya iso inda ɗan zaki ke zungurar gawar ubansa yana neman ya tashi, sannan ya gane cewa makokin da bai yi wa nasa mahaifin ba tun yana ɗan shekara 6 shi ne ya zo ya same shi a teburin aiki. Saboda haka abin da ya rubuta wa wannan wuri ta'aziyya ce ta gaske, kuma mai sauraro yana jin nauyinta ko bai san dalili ba. To amma muryar da ke buɗe fim ɗin, wannan kira mai tsaga sararin sama da harshen Zulu a daidai fitowar rana, ta Lebohang Morake ce, wanda aka fi sani da Lebo M, ɗan Soweto da ya yi gudun hijira tun yana yaro, wanda suka fara aiki tare da Zimmer a The Power of One na 1992. Shi ya tsara wa mawaƙan Afirka ta Kudu amshinsu, shi ya ba fim ɗin ƙamshin nahiyar. Zimmer ne ya ɗauki Oscar a 1995, kuma a gaskiya bai taɓa ɓoye bashin da Lebo M ke binsa ba. Amma cikin miliyoyin da suka haddace wannan kira, kaɗan ne za su iya faɗin sunan mai shi.

Ba kowane amfani da ya yi da muryar Afirka ne ya kwanta mini ba. A Black Hawk Down na 2001, labarin artabun sojojin Amurka a Mogadishu a 1993, ya ɗauko Baaba Maal, mawaƙin Senegal mai waƙa da harshen Pular, wani reshe na Fulatanci, don ya zama muryar baƙin cikin Somaliya, sai ka ce duk nahiyar gari ɗaya ce mai harshe ɗaya. Wanda ya fi wannan ciwo shi ne Tears of the Sun na 2003, fim ɗin da aka ƙaga labarinsa a kan Najeriya aka ɗauke shi a tsibiran Hawai, aka nuna Fulani Musulmi a matsayin mahauta, Ibo Kirista a matsayin abin yanka, sojan Amurka kuwa mai ceto. Kiɗan yana da daɗi matuƙa, kuma daɗin nan shi ne illarsa, domin kiɗa ba ya kawo hujja balle a yi masa raddi. Yana shiga zuciya ne kai tsaye, ya sa mai kallo a wata ƙasa ya zubar da hawaye a kan ƙagaggen labari, ya tashi yana ganin ya san mu.

A 1989 ya kafa kamfanin Media Ventures tare da Jay Rifkin, kamfanin da bayan sun ɓata ya koma Remote Control Productions, a Santa Monica. Gida ne mai ɗakuna da yawa, kowane ɗaki da matashin mai kiɗa da na'urorinsa. Daga nan John Powell da Harry Gregson-Williams suka fito, da Lorne Balfe, da Ramin Djawadi mai kiɗan Game of Thrones. Masu suka na cewa masana'anta ce da ta sa fina-finan Amurka duk suka koma sauti ɗaya, kuma yara ke wahala maigida na karɓar yabo. Masu kare shi na cewa ba wanda ya buɗe wa matasa ƙofa kamarsa. Abin da ya tabbata ya fi maganar ɓangarorin biyu sarƙaƙiya. A Pirates of the Caribbean na 2003, shi ya ƙirƙiro jigon kiɗan, amma da yake yana ɗaure da alkawarin wani fim, The Last Samurai, sai sunan almajirinsa Klaus Badelt ya fito a allo. A Gladiator na 2000 an rubuta sunansa tare da na Lisa Gerrard, mai muryar nan ta makoki, amma ƙa'idar masu Oscar ta sa shi kaɗai aka tsayar takara. A 2008 kuma sai da aka fara fitar da kiɗan The Dark Knight daga gasar, wai don sunaye 5 ne a takardar da ake lissafa masu kowane yanki na kiɗa, kafin daga baya a janye hukuncin. Wannan takarda ita ce ake bi a raba kuɗin haƙƙin mallaka duk sa'ad da aka nuna fim a talabijin. Wanda babu sunansa a ciki, ladansa ya ƙare ranar da aka biya shi. Malamanmu ba sa karɓar ruwaya sai da isnadinta, kowane mai ruwaya da sunansa, kuma a ganina nan Zimmer ya fi masu ba da lambar kusa da adalci.

Kada dai a ɗauka cewa tara mutane ne kaɗai gwanintarsa. Darakta Christopher Nolan ya taɓa miƙa masa shafi guda game da uba da ɗansa, bai gaya masa cewa fim ɗin sararin samaniya ne ba, ya ce ya ba shi abin da ya zo masa a yini ɗaya. Abin da ya fito shi ne zuciyar Interstellar na 2014, wanda aka ɗauka da ogan, babban abin busa mai bututu na cocin Temple a Landan, Roger Sayer na kaɗawa. Oscar ɗinsa na biyu ya zo a 2022 saboda Dune, shekara 27 bayan na farko. A talabijin shi ya yi taken The Crown da na Planet Earth II na BBC a 2016, ko da yake sauran kiɗan wasu ne suka yi. Kuma kamfanin Bleeding Fingers, wanda yana cikin masu shi, shi ya gaji kiɗan shirin The Simpsons a 2017 bayan an sallami Alf Clausen da ya shekara 27 yana yi da makaɗa masu rai.

Saura tallar fim, ɗan guntun nan na kimanin minti 2 da rabi da ake saki watanni kafin fim ya fito. Da yake a lokacin galibi ba a gama kiɗan fim ɗin ba, akan ari na wani tsohon fim, kamar yadda aka ari wani yanki na The Thin Red Line na Zimmer aka tallata Pearl Harbor da shi, ko a saya daga kamfanonin da suka ƙware a wannan sana'a, irin Two Steps from Hell da Thomas Bergersen da Nick Phoenix suka kafa a 2006. Bayan Inception na 2010 wata ƙara guda ta mamaye wannan kasuwa, wato rugugin ƙahoni mai kauri da ke faɗowa, a yi shiru, ya sake faɗowa. Zimmer ya ce a cikin fim ɗin ya samo ta ne daga wata waƙar Édith Piaf da aka ja ta a hankali, kuma ya nuna ƙyamar yadda kowa ya kwaikwaye ta ba tare da dalilin labari ba. Sai dai tallar farko ta fim ɗin, ta 2009, Mike Zarin ne ya yi mata sauti, kuma ya fito fili ya ce shi ma yana da haƙƙi a wannan ƙara. Tallar da ta fi shahara kuwa, ta uku, kiɗanta mai suna Mind Heist na wani matashi ne, Zack Hemsey. Har yau mutane da yawa na yaɗa kiɗan Hemsey a intanet da sunan Zimmer a kansa.