Yadda Ake Yin Alewar Gwanda a Gida

Gwanda itaciya ce wadda asalinta ya fito daga kudancin Meziko da Amurka ta Tsakiya, kuma Turawan Sifen da na Fotugal ne suka yaɗa ta zuwa sauran ƙasashe masu zafi tun daga ƙarni na 16. Hausawa kan kira ta gwandar Masar domin su bambanta ta da gwandar daji. Babban aibinta shi ne rashin jure ajiya, domin da zarar ta nuna, cikin kwanaki kaɗan sai ta ruɓe. Mayar da ita alewa hanya ce ta kauce wa wannan asara, musamman a gidan da itaciyar ta yi 'ya'ya da yawa.

Ana buƙatar gwanda kilo 1, sukari rabin kilo, ruwa kofi 2, kanumfari ƙwaya 5, 'yar citta da lemun tsami guda 1. Wajibi ne a zaɓi gwandar da ta ƙosa amma ba ta nuna ba, domin nunanniya narkewa take yi a wuta ta zama kamar kunu.

Da farko za a tsattsaga bawon da wuƙa, a bar farin ƙaron ya tsiyaye. Wannan ƙaro yana ɗauke da sinadarin da ke tausasa nama, kuma yakan sa ƙaiƙayi a fata, saboda haka a wanke hannu bayan an gama. Daga nan sai a fere gwandar, a cire 'ya'yan, a yayyanka ta sirara, a wanke, sannan a shanya a rana na wasu sa'o'i don ta yi ƙarfi.

Bayan haka sai a dafa ruwan da sukari da kayan ƙamshin har sukarin ya narke. A zuba gwandar, a rage wuta, a bar ta kimanin sa'a 1 da rabi ba tare da yawan juyawa ba. Idan yankan ya yi sheƙi kamar gilashi, ruwan kuma ya yi kauri kamar zuma, sai a matsa lemun tsamin a sauke.

Sukarin ne ke janye ruwan da ke jikin gwandar, ya hana ƙwayoyin cuta sakewa. Don haka idan alewar ta huce aka zuba ta a busasshiyar kwalba mai tsabta, aka sa a firij, takan kai mako 2 ba ta lalace ba.