Kujerar Kishingiɗa a Kasuwar New Bell

Kayan da jirage ke saukewa a tashar ruwa ta Duwala, a bakin kogin Wuri, wasu tirela ce ke wucewa da su Chadi da Afirka ta Tsakiya, wasu kuwa ba sa yin nisa. Kwantenar gwanjo daga Faransa ko Beljiyam, kafin ka ce kwabo an baje ta a shagunan da 'yan gari ke kira brokant: firji, katifu, tukwane, da kujerun fata na kishingiɗa, waɗanda in ka ja maɗaukin gefe sai baya ya kwanta, wurin ɗora ƙafa ya miƙe.

Kujerar nan don falon Turai aka ƙera ta, New Bell kuwa unguwa ce a Duwala da aka haifa cikin matsi. Jamusawa ne suka yanka ta don su kwashe 'yan ƙasa daga bakin ruwa, rikicin da ya kai ga rataye Sarki Rudolf Duala Manga Bell a 1914. Baƙi suka cika ta, Hausawa da Bamileke da Basa, ɗaki na jingine da ɗaki. Shi ya sa a nan tsawon ɗaki ke yanke ciniki kafin a zo maganar kuɗi.

Mai saye da ya san abin da yake yi, da igiya yake zuwa, ya ɗaura mata ƙulli daidai tazarar gado da bango. Ɗan kasuwa na kirki kuma ba ya fara yabon fata.

"Alhaji, nawa ka bari a bayanta?"

"Taƙi ɗaya."

"To wannan ba taka ba ce. Zo ka ga waccan."

Ya tsuguna, ya kwantar da ita, ya nuna ƙarfen da ke ƙasa. Ta gama-gari baya take faɗawa, tana neman taƙi biyu ko kusa da haka tsakaninta da bango. Akwai kuma wadda mazauninta ke zamewa gaba a kan ƙarfe. Ita faɗin tafin hannu ya ishe ta, sai dai gaban ne za ta cinye, har ta tare ƙofa ko wurin shimfiɗa darduma. Ina ganin girman mai shagon da ke faɗin wannan, don da ya yi shiru da ya sayar.

Ko kujerar ta yarda a manna ta da bango, daminar Duwala ba ta yarda ba. A Yuli da Agusta bango gumi yake yi, fata ta yi fumfuna, ƙarfe ya yi tsatsa. Dole a bar wa iska hanya.

Dattawa da yawa a Unguwar Hausawa wurin kafinta suke komawa, ya haɗa musu ta katako da yadi mai kauri, mai naɗewa. Bayan la'asar a fito da ita ƙofar gida, in hadari ya haɗo yaro ɗaya ya ɗauke ta ya shige.