Catch a Fire

Catch a Fire kundin waƙoƙin reggae ne na ƙungiyar The Wailers ta ƙasar Jamaika, wanda kamfanin Island Records ya fitar a watan Afrilu na shekarar 1973. Shi ne kundinsu na farko da wannan kamfani, kuma yana ɗauke da waƙoƙi tara, ciki har da "Concrete Jungle" da "Stir It Up". Sunan ya samo asali ne daga waƙar "Slave Driver", ma'anarsa kuma kamawa da wuta.

Yadda aka naɗe shi

A shekarar 1972 mai kamfanin, Chris Blackwell, ya ba Bob Marley da Peter Tosh da Bunny Wailer fam 4,000 su koma gida su yi aikin. Sun naɗi waƙoƙin a Kingston, sannan Marley ya kai su Landan. A can aka ƙara jitar Wayne Perkins da kiɗan John Bundrick, dukansu Amurkawa, domin a jawo hankalin masu sauraron rock a Turai da Amurka. Saboda haka abin da ya shiga kasuwa ya bambanta da abin da aka naɗa a Jamaika.

Kwalin laita

Abin da ya fi fito da bugun farko shi ne kwalinsa. Rod Dyer da Bob Weiner suka tsara shi da siffar laitar Zippo, samansa yana buɗewa kamar murfin laita ta gaske, an kama shi da 'yar ƙusa a gefe. Haɗa shi sai da hannu, ga tsada, don haka kwafi kusan 20,000 kawai aka yi. Bugun da suka biyo baya sun zo da kwali na yau da kullum mai hoton Marley yana zuƙar wiwi, wanda Esther Anderson ta ɗauka. Sunan ma ya sauya, daga The Wailers ya koma Bob Marley and the Wailers, sauyin da ya danne Tosh da Bunny duk da cewa waƙoƙi biyu a kundin, "400 Years" da "Stop That Train", na Tosh ne.

Darajarsa a wurin masu tara faifai

Kundin bai yi kasuwa sosai ba da farko; sai da Marley ya shahara aka dawo ana neman bugun laita. Ba ƙarancinsa kaɗai ke ɗaga farashi ba. Kwali ne, kuma wurin ƙusar yakan yage da yawan buɗewa, shi ya sa mai lafiyayyen murfi ya fi wuyar samu. Masu saye kan duba lambar bugu, wato ILPS 9241 a na Birtaniya, da tambarin tsakiyar faifan, tunda an sake buga kwalin laita daga baya.

A 2001 aka fitar da bugu na musamman mai CD biyu. Ɗayansu na ɗauke da ainihin naɗin Jamaika ba tare da ƙarin Landan ba, haɗe da "High Tide or Low Tide" da "All Day All Night", waɗanda babu su a faifan 1973.