Dodon da Ke Zaune a Kan Ruwa

A Talata Mafara, kamar sauran garuruwan Arewa, akwai shagunan masu tura fina-finai a waya. Yaro zai miƙa memori da 'yan kuɗinsa, a cika masa shi da fina-finan Indiya da na Sin da na Amurka, wasu ma an fassara su da Hausa. Daga cikin abin da ke ɗauke hankalin yaran akwai diragon, wannan ƙaton dodo mai fuka-fuki da ke aman wuta. Samari sun san shi a Game of Thrones, wanda aka nuna daga 2011 zuwa 2019, da House of the Dragon da ya biyo baya a 2022. Ƙannensu kuma sun san shi a katun ɗin How to Train Your Dragon na 2010.

Dodon da fina-finai suka yayata mai wuta ne, kuma mai gadin dukiya. Haka yake a tsohuwar waƙar Ingilishi ta Beowulf, haka kuma Tolkien ya siffanta nasa, Smaug, kwance a kan tarin zinariya cikin littafin The Hobbit na 1937. Amma duk wanda ya bi sawun dodon zuwa can baya, a bakin ruwa zai tarar da shi. A tsofaffin littattafan Indiya, maciji Vritra ne ya tsare ruwan duniya har fari ya sauka, sai da Indra ya kashe shi koguna suka gudana. A ƙasar Sin dodon nasu bai damu da fuka-fuki ba, sarkin teku ne da ruwan sama, manoma kan kai masa kuka in damina ta yi jinkiri. Ko dodon da aka ce waliyyin Kirista Jorji ya kashe, a wani tafki na ƙasar Libiya labarin ya ajiye shi.

Mu ma namu a cikin ruwa yake. Tarihin baka na Daura ya ce Bayajidda ya iso garin da dare, bayan maƙeran Gaya sun ƙera masa wuƙa. Ya sauka gidan wata tsohuwa, Ayana, ya nemi ruwan da zai ba dokinsa. Ta ce masa babu, domin macijin da ke rijiyar Kusugu, wanda ake kira Sarki, ba ya barin a ɗebi ruwa sai ranar Juma'a. Baƙon ya karɓi guga ya tafi. Da ya zura, macijin ya riƙe. Ya jawo shi sama, ya fille masa kai, ya ɗebi ruwansa. Da gari ya waye Sarauniya Daurama ta yi alkawarin rabin gari ga wanda ya yi wannan aiki, maƙaryata suka yi ta fitowa, sai da aka ce kowa ya kawo kan macijin sannan gaskiya ta yi halinta. Irin wannan gardama tana cikin labarin Tristan na Turai, inda wani bafade ya yi da'awar kashe dodo, jarumin ya ƙaryata shi da harshen da ya yanko.

Abin da ya fi tsaya mini a rai a labarin Daura shi ne laifin macijin. Bai ƙone gari ba, bai tara zinariya ba. Ya yanke wa mutane ranar shan ruwa ne kawai. Macen da ta taɓa kwana a bakin rijiya cikin bazara tana jiran ruwa ya tsattsafo ba ta bukatar a yi mata bayanin girman wannan zalunci.

Tatsuniyoyinmu ma sun cika da Dodon kogi. Akwai ta mace mai ciki da ta je ɗebo ruwa, abokiyar tafiyarta ta zuba mata ƙasa a tulu ta gudu. Ta rasa mai aza mata, sai Dodo ya fito ya aza mata, bisa sharaɗin in ta haifi mace tasa ce. Ranar bikin yarinyar ya zo karɓar bashinsa. A nan ana tsorata yara ne don su nisanci gurbi mai zurfi da kada da dorina, amma akwai abin da ya fi haka: mai bukata kan yi alkawarin da zai ci 'ya'yansa. Mutanen Soninke sun kai maganar nesa. Macijinsu Bida, na daular Wagadu, yana ba da ruwan sama da zinariya, a ba shi budurwa duk shekara. Da wani saurayi ya kashe shi don ceton masoyiyarsa, fari ya tarwatsa ƙasar. Wato kashe mai riƙe da ruwa ba ya nufin an huta.

Wannan ne ya sa nake ganin babu inda labaran nan suka fi dacewa kamar madatsar ruwa ta Bakolori. An gina madatsar a kan Gulbin Sakkwato daga 1974 zuwa 1978, kamfanin Impresit na Italiya ne ya yi aikin, tana ɗaukar ruwa kimanin kubik mita miliyan 450, da burin shayar da hekta 23,000. Tafkin ya ci gonaki da ƙauyuka a ƙasar Maradun, aka tashi mutane dubbai. Waɗanda gonakinsu suka faɗa cikin shirin sun yi damina bayan damina ba su shuka ba, ana baje ƙasa ana haƙa kanal. Rikicin diyya ya yi tsami, manoma suka tare hanyoyi. A ƙarshen Afrilun 1980 'yan sandan kwantar da tarzoma suka buɗe wuta a Birnin Tudu da kewaye. Adadin mamatan da gwamnati ta bayar bai kai 30 ba, wasu masu bincike kuwa sun ce sun haura 300. Can ƙasa da madatsar, manoman fadama da masunta da suka dogara ga cikar gulbi kowace shekara suka ga ruwan ya ja baya.

Ba ina cewa madatsar dodo ce ba. Shinkafar rani da ake girbewa a Bakura da Mafara, da albasa da tumatir, albarkacinta ne, kuma gyaran da aka shiga yi mata ƙarƙashin shirin TRIMING na Bankin Duniya abin maraba ne. Amma tambayar Kusugu tana nan daram: wa ke riƙe da mabuɗin ƙofar ruwa, wace rana za a sako shi, kuma me manomin da ke wutsiyar kanal zai yi in na sama sun shanye?

Ƙasar ma kanta ta adana nata dodannin. A duwatsun yankin Sakkwato an tono ƙasusuwan wani ƙaton mai jan ciki na teku, daga zamanin da ruwa ya shafe yankin miliyoyin shekaru da suka wuce. A 1972 masana daga Italiya suka raɗa masa suna Goronyosaurus, daga sunan Goronyo. Yara nawa ne a Zamfara aka taɓa gaya wa haka a aji?

Ba na adawa da yaro ya kalli dodon Turawa, an ƙawata shi, dole ya burge. Takaicina shi ne marubutanmu da masu shirya fina-finan Hausa sun bar nasu a kwance. Kayan aikin ba ɓoyayyu ba ne. Litafi na Tatsuniyoyi na Hausa, juzu'i uku da Frank Edgar ya buga daga 1911 zuwa 1913, da yawan abin da ke ciki malaman Sakkwato ne suka rubuta shi da ajami. Akwai tsofaffin mata a ƙauyukan Bakura da Maradun da har yanzu suke riƙe da tatsuniyoyin Dodo da waƙoƙinsu, akwai kuma dattawan da suka ga tashin garuruwa da idonsu. Wanda yake ɗan shekara 20 a 1980 yau ya haura 60. Mai son naɗar muryoyinsu, wayar da ke aljihunsa ta ishe shi, sai dai ya gaggauta.