WANE ALMAKASHI ZA KA SAYA DOMIN GARKARKA?

 

Yau za mu yi magana bisa wani ƙaramin kayan aiki. Tsawonsa bai wuce taki ɗaya na hannu ba. Sunansa almakashin garka. Malaman gona suna ce masa sekatar, daga Faransanci. Da shi ake yi wa itace aski, watau a rage masa rassa.

Mu ɗauki misali da Tabelot, cikin ƙasar Abzin, jihar Agadas. Garin yana gindin duwatsun Bagzan. A cikin duwatsun nan ne dutse mafi tsawo na Nijar yake, mai mitir 2022. Mutanen Tabelot sun yi suna wajen noman albasa. Suna noman tafarnuwa da dankalin turawa da alkama. Iyaye da kakanni sun jawo ruwa da raƙumi ko sa, a rijiyar da ake kira takarkart. Yanzu injin ban ruwa ya yawaita. Amma ba kayan miya kaɗai ke cikin garake na Abzin ba. Akwai dabino, da lemu, da rumman, da ɓaure, da inabi. Albasa wata kaɗan take yi a cire ta. Itace kuwa na shekaru ne. Lemu mai aure yakan yi shekara 3 ko 4 kafin ya soma haihuwa. Duk shekarun nan kana ba shi ruwa, kana sayen mai. To, ashe bai kamata ka lalata shi cikin yini ɗaya da mugun yanka ba.

Me ya sa adda ba ta isa ba?

Za ka ce: ai ina da adda, ina da gatari, me zan yi da almakashi? Gaskiya ne, adda tana sara. Amma je ka dubi wurin da ta sara. Za ka ga reshe ya tsage, ɓawo ya yage. Wannan rauni ne. Raunin itace kamar na mutum yake. Yanka mai santsi yana rufewa da wuri. Yanka mai kaushi yana daɗewa a buɗe. Ta nan ƙwari da gara da cuta suke shiga. Reshe ya soma bushewa daga baki, bushewa ta yi ta gangarowa. Mai garka ya ce ruwa ne ya yi kaɗan, alhali kuwa adda ce.

Almakashi na tela shi ma ba zai yi ba. An yi shi domin yadi. In ka sa masa reshe, sai bakinsa ya buɗe, ya tauna ɓawo.

A Faransa aka ƙago almakashin garka, wajen shekarar 1815. Tun daga nan ya bazu cikin duniya. Yau iri biyu ne manya a kasuwa. Ka san su da kyau, domin nan ne mutane suke asarar kuɗinsu.

Iri na farko: mai giftawa

Wannan yana da baki biyu. Na sama wuƙa ce mai kaifi, lanƙwasasshiya. Na ƙasa ƙugiya ce mai kauri, ba ta da kaifi. In ka matse, wuƙa tana wucewa ta gefen ƙugiya, tana gogar ta. Ƙugiya ta riƙe reshe, wuƙa ta yanke shi sumul. Shi ne na ɗanyen reshe. Shi ne na lemu da rumman da inabi. In kuɗinka na guda ɗaya ne, to wannan za ka saya. Kada mai kanti ya juya maka ra'ayi.

Iri na biyu: mai maƙera

Wannan wuƙarsa miƙaƙƙiya ce. Ba ta giftawa. Tana sauka bisa wani ɗan faffaɗan ƙarfe, kamar yadda guduma ke sauka bisa uwar maƙera. Yana da ƙarfi wajen busasshen reshe. Amma ɗanyen reshe murƙushe shi yake yi. Ka bar shi sai in kana da busassun rassa da yawa.

Kaurin reshe fa?

Kowane almakashi yana da iyaka. Na hannu ɗaya yana yanke reshe mai kaurin santimitir 2, ko 2 da rabi in babba ne. Ba ka da abin awo? Dubi babban yatsanka. Reshen da ya fi shi kauri ya fi ƙarfin almakashin hannu. Kada ka murɗa, kada ka danne da gwiwa. In ka yi haka, wuƙa za ta karkace, ta rabu da ƙugiya. Daga ran nan ba za ta ƙara yanka sumul ba.

Akwai babba mai dogayen ƙotoci, na hannu biyu. Shi yana kaiwa santimitir 4. Abin da ya wuce haka, aikin zarto ne. Babban yana da tsada, kuma ba kullum ake bukatarsa ba. Masu garka biyar ko shida suna iya haɗa kuɗi su sayi ɗaya. Ƙungiyar masu garka ma tana iya ajiye shi, a riƙa ara.

In ka je saye

Ko a Agadas ne, ko ɗan kasuwa ya kawo har gida, kada ka saya cikin leda a rufe. Ka ce a buɗe maka. Ka riƙa tafiya da ɗan ɗanyen reshe a aljihu, mai kaurin alƙalami.

Da farko ka riƙe shi. Ya cika hannunka daidai? In ya buɗe, yatsunka suna kai wa ƙota ba wahala? Akwai babba, akwai ƙarami. Matar gida da matasa su ma suna aikin garka, hannunsu kuwa ba ɗaya da naka ba. Almakashin da ya fi ƙarfin hannu yana gajiyar da mutum tun hantsi. Bahago kuma ya tambaya, domin ana ƙera na hagu, ko da yake samunsa da wuya.

Sa'an nan ka rufe shi, ka ɗaga shi wajen rana. Dubi tsakanin wuƙa da ƙugiya. In haske yana ratsawa, ka ajiye. Ka girgiza ƙotocin biyu. In suna kaɗawa, ka ajiye. Yanzu fito da reshenka ka yanka. Dubi bakin yankan. Ya yi santsi? Ɓawo bai yage ba? Gwada takarda kuma. Almakashi na kirki yana yanke takarda, ba ya naɗe ta.

Tsakanin ƙotoci akwai wani ɗan ƙarfe murɗaɗɗe. Shi ke buɗe baki bayan ka matse. Ka tabbata yana da ƙarfi, kuma ba ya fita da sauƙi. Shi ne yakan fara ɓacewa cikin rairayi. Akwai kuma ɗan makulli mai riƙe baki a rufe. Ka gwada shi da babban yatsa.

Ga abin da ya fi duka. Dubi tsakiya, inda wuƙa da ƙugiya suka haɗu. Noti ne mai kwancewa, ko kusa ce da aka dake? Ka zaɓi mai noti. Ƙasarmu ƙasar ƙura ce. Ƙura tana shiga, tana cin ƙarfe, baki ya yi sako-sako. Mai noti kana iya kwance shi, ka wanke, ka ɗaure. Mai kusa kuwa, ran da ya saki, ya zama abin wasan yara.

Wani kamfani na ƙasar Suwis, Felco, ya fito da almakashinsa mai lamba 2 a shekarar 1948. Har yau ana ƙera shi. Dalilin daɗewarsa shi ne kowane yanki nasa ana iya canza shi. In wuƙa ta ƙare, wuƙa kaɗai za ka saya. Ba cewa muke sai shi ba, domin yana da tsada. Kuma kayan da suka yi suna ba su rasa jabu, saboda haka jar ƙota ba shaida ba ce. Amma jar ƙota tana da nata amfani: in ya faɗi cikin fangalin albasa, za ka gan shi.

Yadda ake riƙe shi

Wuƙa ta kasance wajen uwar itace. Ƙugiya ta kasance wajen reshen da zai faɗi. Dalili kuwa, ƙugiya tana ɗan danne ɓawo. Gara ta danne abin da za a yar. Ka sa reshe can cikin baki, ba a tsini ba. Ka yanka kaɗan bisa ido, a karkace.

Lemu ba ya son aski mai yawa. Ganyensa ne inuwarsa, ranar Abzin kuwa tana ƙona ɓawo. Ka cire busassun rassa. Ka cire tohon da ke fitowa ƙasa da wurin aure, domin ba zai ba ka lemu mai daɗi ba, abincin uwa kawai yake sha. Wajen ɗiban lemu ma, yanke ya fi fizge. Wanda aka fizge yana yagewa wajen kai, ya ruɓe kan hanyar Agadas. Rumman tana fitar da toho da yawa a gindi. Kafin ka yanke su, ka share rairayi da hannu, domin rairayi yana dakushe wuƙa. Inabi kuwa shi ne mai son aski sosai. Ana yi masa cikin sanyi, lokacin da ya zubar da ganye.

Dabino daban yake. Reshensa ya fi ƙarfin almakashin hannu nesa. Ka bar wa zarto ko wuƙar da ka saba. Almakashi yana iya taimaka maka wajen rage ƴaƴa a nono in sun yi yawa.

Tsabta da washi

Almakashi yana ɗaukar cuta daga wannan itace zuwa wancan, kamar askar wanzami. In ka yanke reshe mara lafiya, ko lemu mai zubar da danƙo, kada ka wuce gaba haka nan. Ka goge baki da alkol na likita. In babu, ka haɗa ruwan jabel awo 1 da ruwa awo 9. Amma jabel yana kawo tsatsa. In ka gama, ka ɗauraye, ka shanya, ka ɗiga mai. Wanda aka aro daga maƙwabci ma a goge shi kafin a soma. Ka sa a ɗinka masa kube na fata, ka rataye inda yara ba su kaiwa.

Wajen washi, wuƙar mai giftawa fuska biyu gare ta. Ɗaya a gangare, ɗaya shimfiɗaɗɗiya. Ta gangaren kaɗai ake wasawa, da ɗan dutse mai laushi. In ka ci shimfiɗaɗɗiyar, rata za ta buɗe tsakanin wuƙa da ƙugiya. Ƙugiya kuwa ba a wasa ta.

Maƙeran Abzin gwanaye ne, kowa ya san haka. Suna iya wasa maka shi, su gyara noti. Amma in ka kai, ka ce: Malam, don Allah a wasa da dutse, kada a sa shi a wuta. An riga an ba wuƙar ruwanta tun daga inda aka ƙera ta. In ta sha wuta, ƙarfen zai yi laushi, kaifi ba zai ƙara zama ba.