Garin diyatom da ƙumar kare: abin da ya kamata ku sani

A Sabon Tasha da maƙwabtanta irin su Unguwar Boro da Narayi, gidaje da yawa na ajiye kare don gadi, kuma inda kare yake da wuya ƙuma ta rasa wurin zama. Cikin magungunan da ake yabawa akwai garin diyatom, wani farin gari mai laushi da ake haƙowa daga tsohon gindin tafki. Ɓawon wasu ƙananan tsirran ruwa ne da suka mutu suka taru tun dubban shekaru. Akwai shi a Bularafa ta jihar Yobe, kuma ƙurar hunturu da ke tasowa daga Bodele a Chadi cike take da irinsa.

Ba guba ba ne. Garin kan kankare maiƙon da ya lulluɓe jikin ƙwaro ya tsotse shi, sai ƙumar ta bushe ta mutu. Shi ya sa laima ke karya ƙarfinsa. Da damina, daga Mayu zuwa Oktoba, lokacin da ƙuma ta fi hayayyafa, amfaninsa kaɗan ne.

Abin da mutane kan manta shi ne ƙumar da ke jikin kare 'yar kaɗan ce cikin zuriyarta. Mace ɗaya na iya saka ƙwai 40 zuwa 50 a rana, su zube a buhun da karen ke kwanciya da tsagin siminti da ƙarƙashin mota. Can ya kamata garin ya je. A share, a wanke shimfiɗar da ruwan zafi, a shanya, sannan a barbaɗa kaɗan, a maimaita na wasu makonni, domin garin ba ya taɓa 'ya'yan ƙumar da ke cikin kwanso.

A sayi garin da aka rubuta ya dace da abinci. Wanda aka gasa don tace ruwa yana lahanta huhu. Ko mai kyaun ma a rufe hanci, a nisanta shi da idon kare da yara. Kada a kuskura a shafa wa kare fiya-fiya ko kalanzir.

Idan kare ya rame, dasashinsa ya yi fari, ko ana ganin tsila a kashinsa (ƙuma ce ke yaɗa ta), garin ba zai wadatar ba, balle ɗan kwikwiyo. A kai shi wurin likitan dabbobi.