Baitin da Ake Karantawa Gaba da Baya

Masu shirya fina-finan almara suna son wani irin littafi: tsoho, a ɓoye cikin kogo, baitukansa ko daga dama aka faro ko daga hagu magana ɗaya suke bayarwa. Mutumin Gombe ba sai ya shiga kogo ba. Irin wannan littafi yana cikin gafakar malaman zaure, kuma ana sayar da bugunsa a shagunan littattafan addini. Shi ne Makamatul Hariri, na Abu Muhammad al-Ƙasim al-Hariri, mutumin Basra da ya rayu daga 1054 zuwa 1122. Ɗalibi kan kai gare shi ne bayan ya ci ƙarfin su Ahalari da Iziyya da Risala, ya shiga fagen lugga, a tsarin karatun da masarautar Modibbo Buba Yero ta gada daga Sakkwato. A ganina, duk abin al'ajabin da ke cikinsa gwanintar harshe ce, kuma don horar da ɗalibi aka shirya ta.

Makamomin 50 ne, amma ta 16 ce ta shafe mu. Mai ba da labari, Harisu ɗan Hammamu, ya tarar da wasu masana a masallaci bayan magariba suna gasar ƙirƙiro jimlar da ba ta sauyawa idan an juya haruffanta. Na farko ya kawo mai kalma uku, na biye ya ƙara ɗaya, har layi ya zo kan Harisu da kalma bakwai, ya rasa ta cewa. Sai ga wani tsoho mai wayo, Abu Zaidu, ya warware masa, ya kuma ɗora da baitukan waƙa a kan wannan ƙa'ida. A makama ta 17 kuwa wasiƙa ce da ake karantawa kalma-kalma daga ƙarshe, ta ba da ma'ana. Abin da ya sa hakan ya yiwu shi ne rubutun Larabci baƙaƙe yake tsayarwa, wasula kuwa mai karatu ke ɗora su, don haka marubuci na da sararin juyawa. Hausar boko ba ta da wannan rangwame: yawancin kalmominmu da baƙi suke farawa, da wasali suke ƙarewa, juya su harafi-harafi kan haifar da abin da baki ba zai iya furtawa ba. Shi ya sa masu zaurance gaɓoɓi suke juyawa.

Akwai masu cewa wannan wasan banza ne, ma'ana ta zama baiwar haruffa. Suna da ɗan gaskiya, domin baitin da aka matsa wa haka da wuya ya taɓa zuciya kamar Ishiriniya. Sai dai a dubi abin da yake tilasta wa ɗalibi. Ba zai wuce baitin ba sai ya nemo baƙuwar kalmar da Hariri ya tono don harafi ya zauna daidai, ya san tushenta, ya san dalilin kowane wasali. Wanda ya sha wannan wuya, fassarar Muhtasar ba za ta razana shi ba. Malaman balaga ma ba su raina fannin ba, har sukan kafa misali da gajerun jimloli daga Suratul Anbiya da Suratul Muddassir.

Wasu kuma da sun ga rubutu na tafiya gaba da baya, ko an zuba shi a gidajen hatimi, sai su ce asiri ne. Gaskiya ne an yi amfani da irinsa a laya, kuma Muhammad al-Katsinawi, wanda ya rasu a Alƙahira a 1741, ya yi rubutu mai zurfi a kan hatimai. Amma ko shi, masana tarihin lissafi a yau suna karanta shi ne don hanyoyin da ya bayyana na cika gidajen da lambobi. A ƙasar Sin kuma, a ƙarni na 4, wata mata mai suna Su Hui ta saƙa waƙa a kan alharini, wadda ta iso mana da haruffa 841, layi 29 a tsaye da 29 a kwance, ana karanta ta ta kowace fuska. Abin da ke cikinta kewar mijinta ne da aka tura nesa.